Fadamar Shekaranjiya: Tambayoyin da Aka Fi Yi Mini da Amsoshinsu

Na daɗe ina ba 'ya'yana labarin wata fadama bayan sallar isha'i. Daga bakinsu labarin ya tsallaka katanga zuwa 'ya'yan maƙwabta, daga can ya isa kunnen iyayensu, har ta kai mutum zai tare ni a ƙofar masallaci ko wurin ɗaurin aure ya ce, "Malam, wai fadamar nan taka, ina da tambaya." Da na ga tambayoyin suna ta maimaita kansu, sai na tara su wuri guda.

Ina Fadamar Shekaranjiya take? Ana iya zuwa?

Ba ta cikin taswirar kowace ƙasa. Ni na ƙage ta, kuma ban taɓa ɓoye wa yaro ko babba hakan ba. Sai dai kayan ginin duka na aro ne. Ruwanta, lakarta, tsuntsayenta da warin ruɓaɓɓiyar ciyawarta na ɗauko su daga dausayin Hadeja da Nguru, inda kogin Hadeja da na Jama'are suke bazuwa tsakanin Jigawa da Yobe kafin su haɗu su zama kogin Yobe mai gangarawa Tafkin Chadi. Can dangin mahaifiyata suke, can na yi hutun makaranta ina yaro.

To me ya bambanta ta da sauran fadamu?

Abu ɗaya ne, sauran duk daga gare shi suka tsiro: a can zurfin ruwa shi ne zamani. Muddin kana tsaye a kan tudu, yau kake. Ka sa ƙafa ruwa ya rufe idon sawunka, sai ka ga duk abin da ke kewaye da kai ya koma yadda yake shekaranjiya: garken shanun da ya wuce ya dawo yana shan ruwa, itacen da aka sare yana tsaye. Ka ƙara gaba ruwa ya kai gwiwa, bara ce. Ƙugu, an koma shekara goma ko fiye. In ya kai ƙirji, ka shiga ƙuruciyarka, ka ji muryoyin da ka daɗe da fitar da rai da sake ji. Wanda ruwa ya kai masa wuya yakan jiyo guɗar ranar sunansa.

Jikin mai shiga shi ne ma'auni, ba igiya ko sanda ba. Yaro ɗan shekara bakwai da tsoho ɗan saba'in in suka tsaya ruwa iya wuya, kowa ranar sunansa zai ji. Abin da ya faru kafin a haife ka kuwa yana sama da kanka, sai ka nutse. Shi ya sa babu wanda ya taɓa ganin zamanin kakanninsa fiye da tsawon numfashi ɗaya.

Mutanen da kake gani a ciki ba sa ganinka. Iyakar abin da ke isa gare su shi ne 'yar igiyar ruwa da motsinka ya tayar.

Daga ina wannan tunani ya zo maka?

Daga kan gwangwalar wani tsoho mai fito. Na yi fiye da shekara 20 ban leƙa ƙauyen su kakata ba. Ranar da na koma, na ce a kai ni gonarta ta shinkafa, wadda nake tunawa da wata kanya a gefenta, inda muke rataye goran ruwa. Na ɗauka tafiyar ƙafa ce kamar da. Sai aka ce sai da kwalekwale.

Muka shiga wata siririyar hanya tsakanin kacala. Ciyawar ta fi mutum biyu tsawo a idona, ta rufe dama da hagu, ba ka ganin komai sai tsirin sama. Zafi ya taru a wurin kamar ɗaki marar taga, sauro kuma da rana tsaka. Can muka fita wani fili na ruwa shimfiɗe, sai tsohon ya daina tuƙi. Ya duba gabas, ya duba wata goruba da ke nesa, ya ɗan karkata kwalekwalen, sannan ya zura gwangwala a hankali har ta kusa ƙarewa. Na ji ta bugi wani abu mai tauri.

"Ka ji ta?" in ji shi. "Kanyar kakarka ke nan. Kututturen ne ya rage."

Na ce, "Baba, a ba ni in taɓa." Ya miƙo mini. Na riƙe gwangwalar da hannu biyu ina jin itacen ta cikinta, ruwa yana gangarowa gwiwar hannuna. A ranar na san cewa ƙuruciyata tana nan, kamu kaza ƙarƙashin ruwa.

Dalilin nutsewar gonar ba boyayye ba ne. A da ambaliya takan zo da ƙarfi a ƙarshen damina ta wanke hanyoyin ruwa, rani kuma ya busar da su ƙaf, a yi noman wake da kiwo a inda aka kama kifi. Da aka gama madatsar ruwa ta Tiga a 1974, aka ƙara ta Challawa a 1992, sai tafiyar kogin ta canza: babbar ambaliya ta ragu, ruwa kaɗan-kaɗan kuma ya riƙa zuwa har cikin rani. Kacala ba abin da take so kamar ruwa marar zurfi da ba ya ƙafewa. Ta cika hanyoyin, ta tare laka, ruwa ya rasa mafita ya kwanta a gonakin wasu, wasu kuma can ƙasa suka wayi gari ba ɗigo. Ga tsuntsayen jan-baki da suka sami wurin kwana a cikinta suna faɗa wa gero da shinkafa. Wanda ya bar yankin a shekarun 1970 ya dawo yau, ba sai an ba shi tatsuniya ba.

Me ya sa Shekaranjiya? Ba a ganin gobe a cikinta?

Ba a gani, kuma da gangan na yi hakan. Hausa tana da sunayen kwanakin gaba har huɗu, gobe, jibi, gata, citta, amma na baya biyu ne rak, jiya da shekaranjiya. Daga nan sai "kwanan baya", sai "da can". Na so in ba bayan nan wuri mai faɗi. Sannan gobe gaibu ce, ilminta na Allah ne, ban ga dalilin da zan saba wa yara da tunanin akwai wani tafki da ake leƙa ta ba. Duk wanda ya zo bakin fadamar yana neman labarin baɗi, mai fito yakan nuna masa hanyar komawa gida.

Mutum zai iya gyara abin da ya wuce in ya shiga?

A'a. Wannan ita ce tambayar manya, yara ba su cika yin ta ba. Akwai wani masunci a cikin labarin da ya yi wa ƙaninsa baƙar magana a kan rabon kifi, ƙanin ya tafi ci-rani bai dawo ba. Kullum masuncin sai ya shiga ruwa iya ƙugu, ya tsaya a ranar, ya ga kansa yana buɗe baki. Ya yi ihu, ya daki ruwa. Abin da kawai yake faruwa shi ne ƙanin yakan ɗan sunkuya ya dubi igiyar ruwan da ta taɓa ƙafarsa, sannan ya ɗauki homarsa ya juya. Mutane da yawa sun roƙe ni in sassauta wa masuncin nan. Na ƙi, domin in na bar shi ya gyara, na yi wa mai sauraro alkawarin da duniya ba za ta cika masa ba.

Wanda ya daɗe a ciki, yaya yake tarar da gida?

Fadamar ba ta ba da kallo kyauta. Duk abin da ka ɗauka na baya, daga gabanka ake cirewa. Tsayuwar shan fura a ruwa iya gwiwa takan ci kwana uku a waje. Iya ƙirji kuwa, awa ɗaya shekara ce. Akwai wanda ya shiga don ya ƙara jin muryar mahaifiyarsa tana daka, ya ce bari ta gama wannan turmin, bari ta gama na gaba. Da ya fito yunwa ta kama shi, ya je wurin mai ƙosai ya miƙa sule. Yarinyar ta juya kuɗin ta kira uwarta, uwar ta kira tsohuwar gidan, ita ce ta gane shi, don tun 1973 aka koma naira da kwabo.

Duk mai karatun Alƙur'ani ya san inda hankalina ya je a nan. Suratul Kahfi ta ba mu labarin samarin da suka zauna a kogo shekara 300 da ƙarin 9, suka farka suna zaton yini ɗaya ne ko wani sashe na yini, suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci. A Baƙara kuma, aya ta 259, ga mutumin da aka matar da shi shekara 100, abincinsa da abin shansa ba su lalace ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Waɗannan gaskiya ne kuma ayoyi ne, nawa ƙage ne, ba na haɗa su a ma'auni ɗaya. Abin da na koya daga gare su shi ne wanda lokaci ya wuce shi ba ya jin wucewarsa a jikinsa. Sai ya fito kasuwa.

In rana ba ta da tabbas a can, yaya mazauna wurin suke gane lokacin salla?

Wani malamin allo ne ya fara yi mini wannan tambaya, kuma na ji daɗinta ƙwarai. A cikin fadamar rana takan tsaya a hantsi har mutum ya gaji, wani lokaci kuma ta faɗi sau biyu kafin a sauke tukunya. Mazauna wurin da lissafi suke salla. Akwai masu karatu da ke karɓa-karɓa a kan wani tudu dare da rana, an san izu nawa ke tsakanin azahar da la'asar. Mata kuma farin bado suke duba, don shi bai damu da rikicin rana ba: yana buɗewa da almuru, ya rufe da hantsi, kamar yadda yake yi a kowane kududdufi na ƙasar Hausa.

Asalin wannan ma ba daga kaina ba ne. A hadisin Dujal da ke cikin Sahihu Muslim, an ambaci yini kamar shekara, da yini kamar wata, da yini kamar mako. Sahabbai suka tambaya ko sallar yini ɗaya za ta wadatar a yinin nan mai kama da shekara, Annabi (SAW) ya ce a'a, a ƙaddara masa lokacinsa. Da wannan hadisi malamai suke kafa hujja ga Musulmin da ke can ƙuryar arewacin duniya, inda rana kan yi makonni ba ta faɗi ba.

Su wa ke zaune a ciki? Akwai aljanu ko 'yan ruwa?

Ban sa su ba. Labaran 'yan ruwa suna da masu ba da su, kuma in na shigo da su, tsoro zai cinye labarin, yara su daina sauraron ruwan kansa. Mazauna fadamar mutane ne: mai fito, masu karatun tudu, masunta, da wata tsohuwa mai tsinkar bado wadda ta san zurfin kowane lungu, tana gaya wa baƙo, "Ɗan nan, kada ka wuce nan, abin da ke gaba ba za ka iya ɗauka ba."

Masunta su ne masu ban sha'awa. Tarunsu yakan sauka ƙasa da inda mutum zai iya kaiwa, sai ya fito da tarwaɗa haɗe da kuɗin wuri, ko anini mai huji, ko guntun tulun da ba a yin irinsa yanzu.

Dabbar da ta fi kowa daraja a can ita ce gaiwa, kuma ita ban ƙara mata komai ba. In ruwa ya janye, gaiwa takan nutsa cikin laka ta naɗe, ta lulluɓe kanta da yauƙin jikinta har ya bushe ya zama kamar fata, ta bar 'yar kafa da iska ke shiga, don tana da huhu. Haka za ta kwanta wata da watanni, ba ci ba sha, tana rayuwa da naman jikinta. Na ga an haƙo ta da fartanya a busasshen fili da ya tsattsage, aka fasa hogen laka, ga kifi a ciki da ransa. Halittar da ke iya dakatar da kwanakinta ta jira damina, ai ita ce sarauniyar irin wannan wuri.

Tsibiran da ke tafiya da dare fa? Wannan kam ai ƙari ne.

Ƙarin kaɗan ne. A labarin, mutum yakan kwanta maƙwabcinsa na gabas, ya tashi ya gan shi a yamma. A Tafkin Chadi akwai tarin ciyawa da saiwoyi da ke saƙewa su yi kauri har a taka, iska tana kora su, ta toshe hanyar da aka bi jiya ta buɗe wata. Budumawa, mutanen tsibiran tafkin, da irin wannan ciyawa suke ɗaure jiragensu. Kainuwa dashen Allah ma ai kowa ya san ba ta da mazauni.

Abin da ya fi wannan ban mamaki ya faru a idon mutanen da ke raye. A 1963 faɗin tafkin ya kai murabba'in kilomita 25,000. Bayan farin 1973 da na 1984 bai kai kashi ɗaya cikin goma na hakan ba. Masunta da manoma daga Najeriya suka riƙa bin ruwan yana ja da baya suna kafa ƙauyuka a inda da kifi ke iyo, har suka tsallake iyaka ba su ga alamarta ba, don iyakar a cikin ruwa aka shata ta. A Oktoban 2002 Kotun Duniya da ke Heg ta yanke cewa yankin Darak na Kamaru ne, aka miƙa ƙauyukan a ƙarshen 2003. Mutum yana ɗakinsa, bai gusa ko taku ɗaya ba, ƙasarsa ta canza.

Da gaske laka tana iya riƙe abu dubban shekaru?

Tana iyawa, in ta jiƙe ta hana iska shiga, don ƙwayoyin da ke ruɓar da itace da nama yawancinsu sai da iska suke aiki. Ruwa na ƙasa sai ga wanda bai tona ba: a 1987 wani Bafulatani makiyayi yana haƙa rijiya kusa da Dufuna, a ƙaramar hukumar Fune ta jihar Yobe ta yanzu, ya ci karo da itace mai tauri a zurfin kusan mita 5. Da masana daga Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt suka tono shi a 1994, sai ga kwalekwale mai tsawon mita 8 da 'yan kai, sassaƙaƙƙe da kyau, shekarunsa kimanin 8,000. Shi ne jirgin ruwa mafi tsufa da aka sani a Afirka. Wanda ya sassaƙa shi ya yi tuƙi a yankin da kakata ta yi noma.

A Denmak kuma, a 1950, masu yankan baƙar lakar fadama da ake busarwa a yi makamashi da ita suka tono gawar wani mutum a Tollund. Fuskarsa lafiya lau, idanu a rufe, ga tsiron gemu a haɓarsa, ga hular fata a kansa da igiya a wuyansa. Suka kira 'yan sanda suna zaton kisan kwanan nan ne. Ashe ya shekara kusan 2,400 a kwance. Har kunun sha'ir da ya sha na ƙarshe an samu a cikinsa.

Wutar da ke yawo a kan ruwa da hazon da ba ya washewa, me suke nufi?

Wutar a labarin fitilun mutanen wasu shekaru ne da ke haskowa daga ƙasa. A fadama ta gaske, ka caka sanda cikin laka za ka ga kumfa na tasowa. Iskar metan ce, daga ruɓar ciyawa, kuma tana kama wuta. Wani masanin Italiya, Alessandro Volta, ya tara ta a kwalba daga cikin ciyayin tafkin Maggiore a 1776 ya kunna.

Hazon kuwa ina ƙaunarsa fiye da komai a labarin. Kaso mai yawa na ƙurar hunturu da ke busar mana da leɓe daga kwarin Bodele na arewacin Chadi take tasowa. Wurin nan gindin wani tsohon tafki ne da ya haura murabba'in kilomita 300,000 kimanin shekara 7,000 da suka wuce, farar ƙurar kuma ɓawon ƙananan halittun ruwa ne da suka mutu suka kwanta. Duk hunturu, tsohon tafkin yana zuwa har kan tabarmarmu.

A kimiyyance, lokaci yana iya gudu a wani wuri ya yi jinkiri a wani?

Yana yi, sai dai ba yadda jiki zai ji ba. Albert Einstein ya nuna cewa gudu da kusanci da abu mai nauyi kamar duniya suna rage saurin agogo. A 1971 aka ɗora agogunan atam, masu tsananin daidaito, a jiragen sama aka zaga duniya da su, suka dawo sun saɓa da na ƙasa. Agogunan taurarin GPS, da ke sama da mu da kilomita kusan 20,000, suna wuce namu da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, kuma da ba a gyara wannan ba, taswirar wayarka za ta riƙa kuskure da kilomita kusan 10 a yini. A 2010 masana a Amurka suka auna bambancin tsakanin agogo biyu da ɗaya ya ɗara ɗaya tudu da santimita 33 kacal. Na ƙasan ne ke jinkiri. Ke nan wanda ke cikin kwari lokacinsa ya fi na mai kan tudu jinkiri, ko da da ƙyar na'ura ke gane shi.

Malam, ba ka ganin ƙarya kake koya wa yara?

Ƙarya ita ce ka faɗi abu don a ɗauka ya faru alhali bai faru ba. Ni kuwa da "ga ta nan, ga ta nanku" nake buɗewa, su ce "ta zo mu ji ta", in rufe da "ƙurunƙus". Yaron Bahaushe ya san abin da ke tsakanin waɗannan kalmomi biyu tun kafin ya iya ɗaura wando. Kuma na ga amfaninta da idona: yaran da suka ji labarin sun fara zuwa wurin tsofaffin gidansu suna tambaya me ke nan wurin kafin a gina shagunan nan, ina rafin da ake faɗa ya tafi.

Wace tambaya ce ta fi tsaya maka a rai?

Ta 'yar autata. Kakata ta rasu shekaru kafin a haife ta, sunanta kuma aka sa mata. Wani dare ta ce, "Baba, in na shiga ruwa iya ina zan ga mai sunana?" Na ce mata abin yana sama da kanta, sai ta nutse, kuma numfashinta ba zai kai ba. Ta ce in ta girma fa? Na ce ko ta fi ni tsawo, jikinta ne ma'auni.

Ta yi shiru har na ɗauka barci ya ɗauke ta. Sai ta ce, "To kai iya ina take a wurinka?" Na nuna ƙirjina.

Ta ce, "Ka ɗora ni a wuya ka shiga. Kai ka duba, ka riƙa gaya mini."

Na ɗora ta, na miƙe tsaye a tsakar gida, ta riƙe kunnuwana. Na ce mata ga kanya can, ga goran ruwa a rataye. Ga ta a sunkuye cikin shinkafa, ta ɗaure baƙin zane iya ƙirji, laka har gwiwa, lauje a hannun hagu don bahaguwa ce. Yanzu ta miƙe ta dafa bayanta, tana kore jan-baki da muryar nan tata mai kaushi.

Ta ce, "Matsa kusa kaɗan, Baba. Ina so in ji abin da take cewa."